Idan Mai Ɗaukaka Ƙara Bai Zo Kotu Ba: Tambayoyi da Amsoshi

Wace kotu ake magana a kanta?

Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'ar Musulunci ta jiha. Sashe na 277 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya ba ta hurumin sauraron ƙorafi kan aure, saki, riƙon yara, gado, wasiyya da waƙafi, kuma sashe na 278 ya ce alƙalai uku aƙalla ne za su zauna.

Rashin zuwa sau ɗaya ya isa a kori ƙara?

Yana iya isa, amma da sharaɗi. Kafin komai sai alƙalai su duba fayil su ga ko akwai shaidar cewa an kai wa mai ƙara takardar sanarwar ranar zama. In babu, ɗage zama ake yi, domin sashe na 36 ya hana a yanke wa mutum hukunci ba a ba shi damar magana ba. In kuwa an kai masa, kuma shi ko lauyansa ko wakilinsa babu wanda ya bayyana, babu wasiƙar uzuri, kotu na da ikon ɗauka cewa ya yi watsi da ƙararsa.

Sokewa da kora abu ɗaya ne?

A'a, kuma nan ne mutane suka fi rikicewa, don a bakin jama'a duk "an kori ƙara" ake cewa. Sokewa cire ƙarar ne daga jerin shari'un kotu ba tare da an taɓa gundarinta ba, ana iya roƙon a dawo da ita. Kora bayan an saurari hujjoji kuwa ta rufe ƙofa a wannan kotu, sai dai a wuce Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Tarayya. Don haka a karɓi kwafin umarnin daga magatakarda a karanta kalmar da aka rubuta, kada a dogara da labarin wanda ya leƙa kotu.

Yaya ake dawo da ƙarar da aka soke?

Da takardar roƙo haɗe da takardar rantsuwa mai bayyana dalilin rashin zuwa, a liƙa hujja: takardar asibiti, ko abin da ke nuna sanarwa ba ta iso ba. "Na manta" ba uzuri ba ne. Jinkiri ma na kashe roƙo, kuma kotu na iya sa a biya ɗaya ɓangaren kuɗin wahalarsa.

Me zai faru da hukuncin farko?

Yana nan daram. Kuɗin ciyarwa da aka yanke ana binsa, riƙon yara na wajen wanda aka bai wa. A shari'ar khul'i abin ya fi tsanani: idda ba ta jiran kowa, matar na iya gamawa ta yi wani aure kafin a sake buɗe fayil.

In wanda aka yi ƙara ne bai zo ba fa?

Muddin sanarwa ta same shi, kotu na iya ci gaba da sauraro a bayan idonsa.