Habeas corpus a rikicin aure

Habeas corpus umarnin kotu ne da ke tilasta wa duk wanda ke tsare da wani mutum ya gabatar da shi gaban alƙali, ya kuma faɗi hujjar tsarewar. Kalmar Latin ce, ma'anarta a kawo mutumin da kansa. A dokar Ingila ya samo asali, majalisar ƙasar ta ƙarfafa shi a 1679, daga nan ya bi mulkin mallaka zuwa Indiya da Pakistan da Najeriya. An fi saninsa kan 'yan sanda da gidan yari, amma yana hawa kan miji ko uba idan suka kulle baligar mace a gida.

Tun 1891 aka gwada haka a Ingila. Wani mai suna Edmund Jackson ya sace matarsa Emily a bakin coci a garin Clitheroe bayan ta ƙi tarewa, ya kulle ta. Kotun Ɗaukaka Ƙara ta sa aka sake ta, ta ce aure bai ba miji ikon tsare matarsa ba.

A Indiya da Pakistan, iyaye ne suka fi shigar da irin wannan ƙara idan 'yarsu ta auri wanda ba sa so, sai su ce tsare ta aka yi. Aikin alƙali a nan ɗan kaɗan ne: ya sa a kawo ta, ya tabbatar baliga ce mai hankali, ya tambaye ta inda take son zama. Rigima takan taso ne idan alƙalin bai tsaya iya nan ba.

Shari'ar Hadiya ce fitaccen misali. Ɗaliba ce daga jihar Kerala ta Indiya, sunanta na farko Akhila, ta musulunta, mahaifinta ya kai ƙara sau biyu a 2016. Ana cikin ta biyun ta auri Shafin Jahan a watan Disamba. A Mayun 2017 Babbar Kotun Kerala ta raba auren, ta miƙa ta ga iyayenta, alhali shekarunta 24. Wato dokar da aka yi don kwance ɗaurarre ita aka ɗaure ta da ita. Ta yi watanni a gidan mahaifinta 'yan sanda na gadin ƙofa. Ranar 27 ga Nuwamban 2017 ta tsaya gaban Kotun Ƙoli ta ce 'yancinta take so, aka mayar da ita makaranta a garin Salem. Ranar 8 ga Maris 2018 kotun, ƙarƙashin Babban Joji Dipak Misra, ta maido da auren, daga baya a cikakken hukuncinta ta ce zaɓen abokin zama yana cikin 'yancin da sashe na 21 na tsarin mulki ya kare.

A Pakistan kuwa batun waliyyi ne ya shigo. Mahaifin Saima Waheed ya nemi a ɓata auren da ta ɗaura ba da yardarsa ba. A 1997 Babbar Kotun Lahore ta tabbatar da auren, alƙalai biyu suka rinjayi ɗaya, Kotun Ƙoli ta jaddada hakan a 2003. Mazhabar Hanafiyya ce ta fi yawa a can, ita kuwa ta yarda baliga ta aurar da kanta, saɓanin Malikiyya da ake bi a ƙasar Hausa, inda aure ba ya ɗauruwa sai da waliyyi.