Filashin waya ko rawuta don ƙarin sabis: ina doka ta tsaya?

A Legas, daga Agege zuwa Idi-Araba kukan ɗaya ne: ɗakin da ke can ƙuryar gida ba ya samun sabis. Shi ya sa idan mai gyara a Computer Village ta Ikeja ya ce zai yi wa rawuta ko MiFi (na'urorin da ke raba intanet ta Wi-Fi) filashin, wato ya ɗora mata wata manhaja da ba ta kamfani ba, don eriya ta riƙa jan sabis, mutane ke saurin miƙa kuɗi.

Dokar Sadarwa ta Najeriya ta 2003 ta ɗora wa hukumar sadarwa ta ƙasa, wato NCC, kula da zangon iska (hanyoyin da sigina ke bi a iska) da tantance na'urorin sadarwa. Kafin a sayar da wani samfurin waya ko rawuta a ƙasar nan, sai hukumar ta amince da shi a kan zangon da yake aiki da ƙarfin da yake fitarwa. Amincewar ta tsaya ne a kan na'urar yadda kamfani ya ƙera ta. Da zarar an ɗaga ƙarfinta ya wuce ƙa'ida, ko an buɗe mata zangon da ba a ba ta ba, abin da ke hannunka ya tashi daga wanda aka tantance. Idan kuma ya fara kutsa wa sabis na maƙwabta ko ƙarfen sabis na unguwa, magana ta koma hannun hukuma. Dalilin ke nan da NCC ke gargaɗi a kan busta, na'urar ƙara ƙarfin sabis, da mutane ke kafawa a gidaje ba da izini ba.

Abin takaicin, cinikin ma ba riba. Manhajojin da ake ɗora wa rawuta irin su OpenWrt da DD-WRT suna da amfaninsu, amma ba sa ƙara wa eriya ji, don wannan ya danganta ne da ƙirar na'urar da wurin da aka kafa ta. Murya kawai suke ɗagawa: rawuta na ihu, wayarka na amsa mata da raɗa. Sandunan Wi-Fi sun cika a fuskar waya, saƙo kuma ya ƙi tafiya.

Sai zafi da ke cinye na'urar a hankali, ga garanti ya tafi. In aka ɗauke wuta ana tsakiyar filashin, kuma a Legas wannan ba labari ba ne, na'urar na iya mutuwa ɗungurungum. A waya kuwa, taɓa manhajar da ke riƙe da layi na iya lalata IMEI, lambar shaidar wayar, a wayi gari ba ta ganin sim kwata-kwata.

Matsar da rawuta kusa da taga, ko ɗora ta sama da kan mutum, ya fi duk wannan aiki. In sabis ɗin ne kansa ba kyau, kai ƙorafi wajen kamfanin layinka, in sun yi shiru ka kira NCC a 622.