Gyaɗar da aka tsince aka ware, kada ku ba kare

Ranar wata Talata da hantsi wani saurayi ya tsayar da a-daidaita-sahu a ƙofar asibitin dabbobi da nake aiki, shi da ƙanensa suka sauko da kare a kan buhu, kowa ya riƙe gefensa. Ƙaton kare ne, irin na gadi da ake sayowa da tsada, amma ko kai ba ya iya ɗagawa. Na ɗaga leɓensa na ga dasashin ya yi ɗorawa, farin idon ma haka. Ban buɗe baki ba saurayin ya riga ya yanke hukunci: "Likita, guba aka ba shi. Na ma san wanda ya yi. Maƙwabcinmu ne, da ma ya sha cewa haushinsa yana hana shi barci."

Na ce to, mu ajiye maƙwabci tukuna, me karen yake ci? Ya lissafo min tuwo, kan kifi, ƙashi daga wajen mahauta. Sai kuma ya sa hannu a aljihu ya zaro wata leda, fuskarsa har da ɗan alfahari duk da halin da yake ciki. Biskit ne na gyaɗa da ya gasa da hannunsa, ya yanka shi siffar ƙashi kamar yadda ya gani a waya. Ya ce kullum sai ya ba shi, da safe da yamma, kusan wata biyu ke nan. Na tambaye shi inda yake samun gyaɗar. Ya ce, "Ai a gida ne. Hajiyarmu tana ƙuli-ƙuli, wadda ta tsince ta ware nake kwashewa in kai inji, tunda zubarwa za a yi."

Kwana biyu muna yi wa karen ƙarin ruwa, a na uku ya mutu. Da muka buɗe shi, hantar ta kumbura ta yi rawaya, idan ka danna da yatsa sai ta farfashe. Saurayin nan ya zauna a kan benci ya yi shiru. Maƙwabcin da aka kusa kai wa gaban mai unguwa bai san hawa ba bai san sauka ba.

Abin da ya sa na ɗauki alƙalami shi ne ba wannan ne na farko ba, kuma ba a kan masu karnukan tsada kaɗai abin yake ba. Mafarauci ya zo min da karensa, dambun gyaɗa da dusa yake cuɗa masa. Wata baiwar Allah mai gidan gona, ita kuma buhun gyaɗa ne ruwan ƙarshen damina ya daka, ta ce a bar wa karnuka da kaji. Duk wanda na tambaya, amsar ɗaya ce, kamar sun haɗa baki: "Ai kare ne, Likita." Wai cikin kare ba abin da ba ya narkarwa, tunda yana cin mushe yana tashi lafiya.

Wannan "ai kare ne" ta ishe ni. Hajiya da ta zauna da faifai tana tsintar gyaɗa ƙwaya-ƙwaya, me ya sa take ware baƙa, da motsattsiya, da wadda ƙwaro ya huda, da wadda ta yi funfuna? Ta san idan suka shiga markaɗe ƙulin zai yi ɗaci, mai saye ya dawo mata da shi. Abin da idonta ya ƙi, bakinku ya ƙi, shi za ku kwashe ku tara wuri guda ku ba dabba? Ku lura fa, a cikin buhu ɓatacciyar gyaɗa warwatse take, ɗaya a nan ɗaya a can. Da aka tsince sai aka tattara ɓatacciyar duka a kwano ɗaya. Kwanon nan ne kuke markaɗawa.

Funfunar da ke kama gyaɗa da masara tana fitar da wani dafi da ake kira afulatoksin, kuma hanta yake ci. Kare yana cikin dabbobin da ba sa jure shi ko kaɗan. Iyakar abin da nake so ku riƙe ke nan daga ɓangaren ilimi.

Saura gardamar da ake yi min kullum: "To ai na soya gyaɗar, na kuma gasa biskit ɗin, wuta ta kashe komai." Wuta tana kashe funfuna, amma dafin da ta riga ta zuba yana nan. Zafin da ake gasa biskit da shi, wajen digiri 180, bai kai ya ƙona shi ba. Suya tana ɗan rage shi, ba ta kawar da shi. Ku soya, ku markaɗa, ku gasa, ku sake gasawa har ya yi ƙaurin ƙuna, yana ciki. Wanki ma haka. Na ga mai wanke gyaɗa da ruwan zafi ta shanya, funfunar ta fita, gyaɗar ta yi kyan gani, ta ce ta gyaru. Ba ta gyaru ba, Hajiya, kwalliya kawai aka yi mata.

Kuma kada wani ya ce tsoratarwar malaman dabbobi ce. A shekarar 1960 talo-talo fiye da 100,000 suka mutu a Ingila, aka bi sawu aka tarar garin gyaɗa ne da aka shigo da shi daga Brazil aka haɗa musu abinci. Daga nan duniya ta san wannan dafi. A Amurka an janye abincin karnuka na kamfani daga kasuwa a ƙarshen 2005, aka sake janye wani a ƙarshen 2020, duk saboda masara mai wannan dafi, kuma a na biyun karnukan da aka ba da rahoton mutuwarsu sun haura 100. Wannan fa kamfanoni ne masu ɗakunan gwaji. Hukumar abinci da magunguna ta can ta sa iyakar wannan dafi a abinci a kashi 20 cikin biliyan, wato ɗan abin da ido ba zai taɓa gani ba. Kai kuma ga funfuna kore shar kana kallo da idonka, ka ce ba komai. Mutane ma bai bari ba: a gabashin Kenya a 2004 mutum 125 suka rasu bayan cin masarar da ta lalace a ajiya. Shi ya sa idan na ga yaran gida suna damƙar tsintacciyar gyaɗa suna watsawa a baki raina ke ɓaci fiye da na kare. Wannan zance ne na wata rana, amma ku hana su.

Abin da ke yaudarar mutane shi ne ba a take yake kashewa ba. Ka ba kare yau, gobe ya tashi yana kaɗa wutsiya, ka ce ka gani ko. Ka ƙara jibi. Mu mutane muna sauya abinci, yau shinkafa gobe ɗanwake. Shi kuwa abin da ka ajiye masa shi zai ci kullum, ba shi da zaɓi, hantar tana lalacewa a hankali. Sai wata rana ya shinshina kwanonsa ya juya baya. Wannan ƙin cin abincin shi ne ƙararrawa ta farko, amma me mai gida yake yi? Sai ya ce karen ya fara iyayi, ya zuba masa romo a kan abincin nan dai don ya ci. Na ji wannan da kunnena ba sau ɗaya ba. Dabba ta ƙi abin da ke cutar da ita, ka yi mata dabara ta ci.

Ba na hana kowa gasa wa karensa abin marmari. Wallahi har daɗi nake ji idan na ga matashi ya damu da dabbarsa haka. Mun taso muna ganin kare ba ya samun komai sai jifa da ƙanzon tukunya, alhali shi ke kwana a waje yana gadin gida da garke. Mun kuma san hadisin mutumin da ya sauka rijiya ya ɗebo ruwa da takalminsa ya shayar da kare mai ƙishi, Allah Ya gafarta masa. Saurayin da na ba ku labarinsa ƙauna ce ta sa shi kunna wuta yana murza ƙulli. Bai yi ganganci ba, araha ya bi, araha kuwa ba ta ado. Kare mai koyon zama da tashi yana son lada, kuma gyaɗa mai kyau ba ta cutar da shi idan ba a cika ba. Har magani muna ɓoyewa a cikin markaɗen gyaɗa mu ba su su haɗiye ba faɗa.

Don haka ga gwaji mai sauƙi, ba sai ka je ɗakin bincike ba: gyaɗar da za ka markaɗa wa kare, za ka iya yi wa ɗanka kunun gyaɗa da ita? Idan ka yi jim kafin ka amsa, zubar da ita. Zubarwa kuma ina nufin a haƙa rami a binne ko a ƙone. Kada a watsa a bola inda akuya da kaji za su bi, domin saniya ko akuyar da ta ci, wani ɓangare na dafin yana fitowa a nononta, ya dawo ƙwaryarku.

Masu sayen markaɗen gyaɗa na kwalba a manyan kantuna, ku ma da taku. Ku juya kwalbar ku karanta abin da aka haɗa. Idan kun ga an rubuta xylitol, ko lambar E967, ko aka ce ba sukari a ciki amma yana da zaƙi, ku mayar kan kanta. Wani abin zaƙi ne da ba ya yi wa mutum komai, amma yana faɗar da sukarin jinin kare cikin ƙasa da awa guda, ya fara tangaɗi, ya faɗi yana fizge-fizge. Yana cikin wasu cingam da man goge baki ma. Ƙuli-ƙulin kasuwa kuwa a bar wa mutane: gishiri, barkono, wani har da albasa, ga shi ba ku san irin gyaɗar da aka yi shi da ita ba. Albasa da tafarnuwa suna lalata jinin kare, ɗanyu ko dafaffu.

Ga yadda za a yi, a gurguje, don ina da masu jira a waje:

- Sayi gyaɗa sabuwa, busasshiya, ka baza a faifai ka tsince da kanka. Mai baƙi, mai huji, motsattsiya, fasasshiya, duk waje.
- Soya sama-sama, murje ɓawon, ka sake dubawa. Wadda cikinta ya yi duhu, waje.
- A markaɗa ba gishiri, ba sukari, ba yaji. Idan injin unguwa ne, a wanke shi tukuna.
- Kofi 2 na garin alkama, rabin kofi na markaɗen gyaɗa, ƙwai 2, ɗan ruwa. In kana da dafaffiyar kabewa ko dankalin Hausa, dama kaɗan a ciki.
- Murza da faɗi kada ya yi kauri, yanka ƙanana, gasa minti 20 zuwa 25. Wanda ba shi da abin gashi na zamani, tukunya da yashi ta wadatar. Ya bushe ƙayau har ciki.
- Ya huce sarai kafin a rufe a kwalba. Mai ɗumi a cikin leda gumi yake yi, gumi kuma funfuna. Yi na mako guda kawai, musamman da damina.
- Ba cakulan, ba busasshen inabi, ko da kun ga an sa a biskit ɗin mutane.
- Ɗaya ko biyu a rana. Duk abin marmari kada ya wuce kashi 1 cikin 10 na abin da yake ci. Gyaɗa mai ce, yawanta yana kawo amai da ciwon ciki mai tsanani.

Garin ma a duba. Masu haɗawa da garin masara ko dusa, dokar ɗaya ce: masarar da ta yi ruwan toka ko kore a rumbu, wadda aka ce "a bar wa dabbobi", ita ma waccan gyaɗar ce da wani suna. Manoma kuma ku daina shanya gyaɗa a kan ƙasa mai danshi, ku sa tamfol, buhu kuma a ɗora shi kan katako nesa da bango. Ku tambayi malamin gona game da Aflasafe, maganin rage wannan dafi a amfanin gona, wanda cibiyar binciken noma ta IITA da ke Ibadan ta samar, ana watsa shi a gona makonni biyu zuwa uku kafin amfani ya yi fure.

Idan kuwa an riga an ba shi, kuma kun ga ya ƙi abinci, ya yi laushi, yana amai, ido ko dasashi ko cikin kunne ya yi rawaya, kashinsa ya yi baƙi kamar kwalta ko da jini, to a tsayar da wannan abincin nan take, a kawo shi a ranar. Ba gobe ba, ba sai an ga yadda ya kwana ba. Dafin nan ba shi da makari. Abin da muke iya yi shi ne mu tallafi hantar da ruwa da magunguna ko Allah Ya sa ta farfaɗo, kuma wanda aka kawo da wuri shi ke da rabo. Don Allah kada a ɗura masa manja, kada a ɗura madara, kada a ɓalle masa kafso, uwa-uba kada a ba shi farasitamol. Hantar da ke neman agaji ce za ku ƙara wa kaya. Ciwon da kaska ke sawa ma yana kawo shawara irin wannan, maganinsu kuma daban, shi ya sa sai mun duba jini kafin mu taɓa allura.

In za ku zo, ku taho da ragowar biskit ɗin da ɗan gyaɗar da aka yi shi da ita a leda, ku kuma gaya mana gaskiyar tsawon lokacin da yake ci. Idan akwai wani kare a gidan da suke cin kwano ɗaya, a haɗo da shi ko da yana guje-gujensa lafiya lau.