Daga P.K. Rosy zuwa rahoton Hema: mata a fim ɗin Kerala

Mu nan, da an ce fim ɗin Indiya sai hankali ya tafi kan na Hindi, masu rawa da waƙa. Amma a jihar Kerala da ke kudancin ƙasar ana yin fim da harshen Malayalam, kuma tun farkonsa ya ci karo da halin al'ummarsa.

A 1928 J.C. Daniel ya shirya Vigathakumaran, fim na farko a harshen. Jarumar, P.K. Rosy, 'yar Dalit ce, wato mutanen da ake ɗauka ƙasƙantattu har ba a yarda a taɓa su. Laifinta kawai ta fito a matsayin mace 'yar dangin Nair masu daraja. Da aka haska fim ɗin a Thiruvananthapuram, babban birnin Kerala a yau, sai 'yan kallo suka fusata, aka ƙona mata gida, ta tsere zuwa ƙasar Tamil, ba ta sake fitowa a fim ba. Duk lokacin da na tuna da ita sai raina ya ɓaci.

Daga baya fim ɗin Kerala ya yi suna wajen faɗin gaskiya. Neelakuyil na 1954 ya taɓo wannan wariya ta asali kai tsaye, a zamanin da 'yan gurguzu ke ƙara ƙarfi har suka ci zaɓen jihar a 1957. Chemmeen na 1965 ya shiga rayuwar masunta a bakin teku. Da maza suka fara kwarara ƙasashen Larabawa neman kuɗi, fina-finai suka bi su can, suka kuma nuna matan da aka bari a gida.

A bayan kyamara kuwa, mata na shan wahala a ɓoye. A 2017 aka sace wata jaruma a mota aka ci zarafinta. Mata 'yan fim suka kafa ƙungiyarsu, gwamnati ta naɗa kwamiti ƙarƙashin tsohuwar alƙaliya K. Hema. Kwamitin ya miƙa rahoto a 2019, aka yi ta jan ƙafa sai a Agustan 2024 aka fito da shi. Ya bayyana yadda ake neman lalata da mata kafin a ba su aiki, da yadda wasu wuraren ɗaukar fim ko bayan gida ba a tanadar musu. Cikin wannan watan na Agusta shugabannin ƙungiyar jarumai ta AMMA, har da shugabanta, fitaccen jarumi Mohanlal, suka ajiye muƙamansu.