Gardama Kan Mongol: Littafin Tabriz Da Bai Iso Mana Ba

Duk lokacin da aka tayar da zancen abin da ya durƙusar da ilimi a ƙasashen Musulmi, sai an ambaci Bagadaza da shekarar 1258. Wasu su ce Tattar, wato Mongol, su ne suka kashe komai, har kogin Dajla ya yi baƙi da tawadar littattafai. Wasu kuma, musamman waɗanda suka karanta littafin Jack Weatherford na 2004 ko na Marie Favereau na 2021, su ce ai Mongol ne suka buɗe hanyar fatauci daga Sin har Turai, suka bar kowa da addininsa. Sai na farko su ɗauka Turawa ne suka ƙago wannan magana kwanan nan don wanke azzalumai. Gardamar ta kai shekara 700, kuma tun farko Musulmi ne suka rubuta ɓangarorinta biyu.

Farkon labarin sananne ne. A 1206 aka naɗa Temujin sarkin ƙabilun Mongol da laƙabin Jankiz Khan. A 1218 aka kashe ayarin fatakensa a Utrar, shekara na zagayowa ya auka wa daular Khawarizm, Bukhara da Samarƙand suka faɗi a 1220. Jikansa Hulaku ya ci Bagadaza a 1258, ya kashe Halifa Musta'asim. A 1260 Mamalik na Masar suka taka musu birki a Ainu Jalut. Ibnul Asir, wanda ya rasu a 1233 tun kafin a taɓa Bagadaza, ya faɗa a cikin Al-Kamil cewa ya yi shekaru yana gudun rubuta wannan musiba, har ya yi burin da ma ba a haife shi ba. Wannan kukan gaskiya ne, kuma babu wanda ya isa ya raina shi.

Abin da aka fi tsallakewa shi ne shekarar 1295. A wannan shekara Ghazan, tattaɓa kunnen Hulaku, ya musulunta, ya hau mulkin Farisa da Iraƙi. Daga nan marubutan Musulmi suka rabu gida biyu. A Sham da Masar ba a yarda da shi ba, domin ya kawo yaƙi ya kama Dimashƙu a 1300, kuma Ibnu Taimiyya ya ba da fatawar yaƙar rundunarsa bisa hujjar cewa suna fifita dokar Jankiz Khan, wato Yasa, a kan shari'a. A Tabriz kuwa, babban birninsa, Ghazan sarkin Musulmi ne mai gina masallatai da makarantu, kuma yana jin tsoron kada Mongol da suka musulunta su manta asalinsu. Don haka ya sa wazirinsa Rashiduddin, likita ɗan Hamadan wanda Bayahude ne kafin ya karɓi Musulunci, ya rubuta tarihin gidansu.

Yadda aka yi aikin ne ya sa littafin ya fita daban. Mongol suna da kundin tarihinsu na asiri, Altan Debter, wanda ba kowa ake bari ya gani ba. Abin da ke cikinsa ya iso ga Rashiduddin ta bakin Bolad, wani babban Mongol da ya zo daga fadar Kublai, sarkin Mongol na Sin, da kuma ta bakin Ghazan kansa. Da Ghazan ya rasu a 1304, ƙanensa Uljaitu, wanda ya gaje shi, ya ce a faɗaɗa aikin ya haɗa da sauran al'ummu. Sai aka nemo masana daga Sin, da malamin addinin Budda daga Kashmir, aka rubuta tarihin Sin da Indiya da Bani Isra'ila da Turawa. Wajen 1310 aka kammala littafin, mai suna Jami'ut Tawarikh. Rashiduddin ya gina unguwa guda a Tabriz, Rab'i Rashidi, ya tara magatakarda da masu zane, ya rubuta a takardar waƙafinsa cewa kowace shekara a kwafi littafin da Farisanci da kuma Larabci, a aika biranen Musulmi.

Wannan buri bai daɗe ba. A 1318 aka zarge shi da sa wa Uljaitu guba, aka kashe shi, aka wawashe unguwar. Littafin na Farisanci ya rayu. Na Larabci kuwa guntaye ne suka tsira, wani sashe yana jami'ar Edinbara a yau. A ganina, nan ne tushen rabuwar kanmu. Malamanmu na ƙasar Hausa da Borno Larabci suke karantawa, littattafansu kuma ta Alƙahira da hanyar hajji suke zuwa. Labarin Tattar ya iso mana ta Al-Bidaya wan Nihaya na Ibnu Kasir da Tarikhul Khulafa na Suyuɗi, mutanen ƙasar da ta yi gomman shekaru tana gaba da gidan Hulaku. Turawa kuwa sun sami fassarar sashen Hulaku na Rashiduddin da Faransanci tun 1836. Kowa ya tashi da rabin da ya faɗo hannunsa.

Kada a ɗauka littafin Tabriz shi ne alƙali. Waziri ne ya rubuta wa ubangidansa, kamar yadda Juwaini, wanda ya mulki Bagadaza a madadin Mongol sama da shekara 20, ya rubuta nasa tarihin yana cin tuwonsu. Amma ko su ba su ɓoye kisan da Mongol suka yi a biranen Marw da Naisabur ba. Sai an jera littattafan ne ake ganin inda kowanne ya yi nauyi. Ibnu Kasir ya kawo ruwayoyin da suka fara daga mutum 800,000 har zuwa miliyan 2 da aka kashe a Bagadaza, Hulaku kuwa a wasiƙarsa ga sarkin Faransa a 1262 ya ambaci 200,000. Ko a ɗauki mafi ƙanƙanta, abin ya isa tashin hankali.

Batun mutuwar ilimi ma haka yake. A 1259 Nasiruddin Ɗusi ya fara gina gidan duban taurari a Maragha da kuɗin Hulaku, ya tara littattafai masu yawa. Ibnu Baɗɗuɗa ya shiga Bagadaza a 1327, ya tarar ana karantar da mazhabobi huɗu a makarantar Mustansiriyya. Shi ɗin dai ya bi ta Balkh bayan wasu shekaru, ya same ta kufai, fiye da shekara 100 bayan wucewar Jankiz Khan.

Littattafan zamani sun ƙara da muryar Mongol ɗin kansu, daga wani tarihi na ƙarni na 13 da ya tsira a rubuce da haruffan Sin, wanda cikakkiyar fassararsa ta Ingilishi ta Francis Cleaves ba ta fito ba sai 1982. Amma a kan abin da ya faru a ƙasashen Musulmi, har yau Juwaini da Rashiduddin suke komawa. Wani ɓangare na sashen Mongol na Jami'ut Tawarikh an fassara shi zuwa Larabci a Alƙahira a ƙarni na 20, don haka duk ɗalibin da ya iya karanta Ibnu Kasir zai iya karanta shi.