Ma'anar "shahara" a Wikipedia: shin duk matuƙin jirgin yaƙi sai an ba shi shafinsa?

Idan editocin Wikipedia suka ce mutum ya cika sharaɗin shahara, ba suna nufin jarumi ne ko mutumin kirki ba. Abin da suke tambaya shi ne: akwai marubutan da ba su da alaƙa da shi, waɗanda aka yarda da ingancin aikinsu, da suka yi rubutu mai zurfi a kansa? In akwai, sai a buɗe masa shafi. In sunansa kawai ya gifta a wani jeri, bai isa ba.

Matuƙan jiragen yaƙi na cikin wuraren da wannan ƙa'ida ke shan jayayya. Tun Yaƙin Duniya na Ɗaya ake ɗaukar wanda ya kakkaɓo jiragen abokan gaba biyar a matsayin gwarzon sama, kuma jaridun Faransa ne suka fara ba Adolphe Pégoud irin wannan kirari a 1915. Masu sha'awar tarihin soja sai suka ce to ga ma'auni nan a sauƙaƙe: duk wanda ya kai biyar, a ba shi shafi.

Kan manya babu gardama. Manfred von Richthofen na Jamus, wanda ya kakkaɓo jirage 80 kafin a kashe shi a watan Afrilun 1918, an cika littattafai da labarinsa. Haka Erich Hartmann mai 352 a Yaƙin Duniya na Biyu. Rigimar tana kan dubban da ke bayansu, waɗanda abin da aka sani game da su bai wuce ranar haihuwa, sunan runduna da adadin jirage ba.

Shi kansa adadin abin dubawa ne. Matuƙi ya ga hayaƙi ya tashi, ya koma sansani ya ce ya harbo, alhali jirgin ya lallaɓa ya sauka gida. Wani lokaci mutum biyu su yi iƙirarin jirgi ɗaya. A gumurzun sararin samaniyar Ingila na 1940, ɓangarorin biyu duk sun faɗi fiye da abin da suka kakkaɓo. Tsarin aiki ma ya bambanta: a Yaƙin Duniya na Biyu, Jamus kan bar matuƙanta a fagen daga har su mutu ko su raunata, Amurka kuwa ta janye Richard Bong gida da ya kai 40. Ka ga lambar tana nuna manufar rundunar ƙasa, kamar yadda take nuna ƙwarewar mutum. Ga kuma farfaganda, musamman ta 'yan Nazi, da wasu littattafan bayan yaƙi suka kwafa ba tare da bincike ba.

Wikipedia ta Turanci ta daɗe da wata jagora ta musamman da ke sauƙaƙa wa sojoji masu manyan lambobin yabo samun shafi, amma aka yi watsi da ita a 2021. Yanzu soja ma da ma'aunin kowa ake auna shi. A ganina hakan ya fi, domin shafin da aka gina kan takardun runduna kaɗai maimaita bakin rundunar yake yi. Wanda bai cika sharaɗin ba kuma ba a share shi daga tarihi: akan sa sunansa da adadinsa cikin jerin gwarazan ƙasarsa, duk wanda ya nemi sunan sai a kai shi can.