Waiwaye: Mitra, Bikin Rana da Asalin Ranar Kirsimeti

Duk shekara idan Disamba ta kama, sai maganar nan ta sake tasowa cewa Kiristoci sun ɗauko ranar 25 ga wata ne daga masu bautar Mitra, wai don a ranar aka haifi Mitra. Ana faɗinta kamar an gama bincike a kanta, amma wanda ya bi sawunta zai tarar cewa shekarunta ba su kai na addinin da take magana a kai ba.

Sunan Mitra tsoho ne ƙwarai, domin yana cikin littattafan addini na mutanen Farisa da na Indiya, inda ake danganta shi da alkawari da haske. Sai dai bautar da ta yaɗu a Daular Rum daga ƙarshen ƙarni na ɗaya zuwa ƙarshen na huɗu tana da tsarinta daban. Maza zalla ne ke shiga, galibi sojoji da 'yan kasuwa da ma'aikatan gwamnati, kuma mutum yana hawa matakai bakwai, daga Hankaka har zuwa Uba. Ba su bar littafin da ya bayyana aƙidarsu ba, saboda haka kusan duk abin da aka sani daga duwatsu da zane-zane ya fito. A ƙarƙashin majami'ar San Kilemente da ke birnin Rum akwai irin ɗakinsu har yau: matsattse ne kamar kogo, da dakali a kowane gefe inda suke kishingiɗa su ci abinci tare, a tsakiya kuma ga dutse da aka sassaƙa Mitra ya danne bijimi yana soka masa wuƙa. An tono irin wannan ɗaki a Landan a 1954, an kuma tono wani a Dura-Yuropos ta ƙasar Siriya.

Abin lura shi ne yadda waɗannan duwatsu suke nuna haihuwarsa. Ana sassaƙa shi yana fitowa daga cikin dutse, yawanci da wuƙa a hannu ɗaya da tocilan wuta a ɗayan. Babu uwa a cikin zanen, kuma babu wani rubutu na zamanin da ya ambaci ranar da abin ya faru.

To, daga ina 25 ga Disamba ta shigo? Daga wata kalanda ce da aka rubuta a Rum a shekara ta 354. A gaban wannan rana an rubuta cewa bikin haihuwar "Wanda Ba A Rinjaya" ne, tare da tseren keken doki har sau 30. Wannan laƙabi na abin bautar Rana ne, wanda Sarki Aureliyan ya gina wa babban wurin bauta a 274. Da yake mabiya Mitra su ma suna kiran nasu da wannan laƙabi a rubuce-rubucensu, sai aka haɗe su wuri guda. Amma bikin Rana na hukuma ne, a fili ake yinsa a gaban jama'a, alhali bautar Mitra ta sirri ce a ɗakin da ba ya ɗaukar mutane da yawa. A cikin wannan kundi na 354 ne kuma aka sami shaida mafi tsufa ta Kirsimeti, a wani jerin ranaku da masana ke mayarwa zuwa 336, inda aka ce an haifi Almasihu a Baitalami a wannan rana. Ke nan takarda ɗaya ce ta fara ambaton bukukuwan biyu, shi ya sa gardamar wanda ya riga wani ta ƙi ci ta ƙi cinyewa.

Linjila ba ta faɗi ranar haihuwar ba. Wajen shekara ta 200, Kilemen na Iskandariya, wani malamin Kirista, ya kawo ranakun da mutane ke hasashe, a watannin Afrilu da Mayu, bai ambaci Disamba ba. Daga nan masana suka rabu biyu. Harman Usena, Bajamushe, ya kafa hujja a 1889 cewa an ɗora Kirsimeti ne a kan bikin Rana, kasancewar a lissafin Rumawa ranar ce yini ke fara ƙaruwa bayan tsakiyar hunturu. A shekarar kuma Luwi Dushen, Bafaranshe, ya kawo wani bayani: Kiristocin Yamma sun daɗe da ɗaukar 25 ga Maris a matsayin ranar da aka gicciye Almasihu, sun kuma ɗauka a ranar ne aka ɗauki cikinsa, idan an ƙirga wata tara kuwa sai a faɗa kan 25 ga Disamba. Majami'ar Armeniya har gobe ranar 6 ga Janairu take yin nata bikin.

Wanda ya fi kowa cusa Mitra cikin zancen shi ne Faranz Kumon, masani ɗan Beljiyam, wanda littattafansa na ƙarshen ƙarni na 19 suka zama madogara tsawon shekaru. Ya ɗauki bautar Rum a matsayin ci gaban addinin Farisa kai tsaye, har sai da wani taron masana a Mancesta a 1971 ya fara warware wannan ra'ayi. A ganina, a nan ne ya kamata mai adalci ya bambance abubuwa biyu. Tasirin girmama rana a kan Kiristocin Rum gaskiya ne, domin a ƙarni na biyar Fafaroma Liyo ya tsawata wa masu juyawa su rusuna wa rana a matakalar majami'ar Bitrus kafin su shiga ibada. Amma rana ya ambata, bai ambaci Mitra ba, kuma a lokacin dokokin Sarki Tiyodosiyus na 391 da 392 sun riga sun haramta tsohuwar bauta, kogunan Mitra kuwa an bar su kufai.